Gettysburg: Yaƙin Kwana Uku Da Tarihin Filin Da Aka Gwabza Shi



Duk wanda ya zauna a ajin sakandare a ƙasar nan zai tuna ranar da malami ya sa aka haddace ma'anar dimokuraɗiyya, wato gwamnatin jama'a, wadda jama'a ke gudanarwa, domin amfanin jama'a. An ce mana Abraham Lincoln ne ya faɗa, muka rubuta a jarrabawa, muka ci maki. Abin da ba a gaya wa yawancinmu ba shi ne inda ya tsaya ya yi maganar. A maƙabarta ya yi ta, ranar 19 ga Nuwamba, 1863, a gefen wani ƙaramin gari mai suna Gettysburg a jihar Pennsylvania, a lokacin ko gama tono gawarwakin sojoji daga gonakin mutane ba a yi ba. Tarihin wannan wuri nake so mu duba yau: yaƙin kwana uku da aka yi a can, da kuma abin da aka yi da filin bayan an ajiye bindiga, domin an fi shekara ɗari ana ja-in-ja kan abin da filin zai riƙa gaya wa masu ziyara.

A lura tun farko, Arewa da Kudun da za a ji ina ambata na Amurka ne. Sojojin Arewa su ne na gwamnatin Tarayya, na Kudu kuwa su ne 'yan aware.

ABIN DA YA HAƊA SU FAƊA

A shekarar 1860 akwai bayi baƙar fata kusan miliyan huɗu a Amurka, zuriyar waɗanda aka kwasa daga Afirka, kuma a jihohin Kudu suke, suna noman auduga da taba da rake. Dukiyar manyan Kudu a kan wuyan waɗannan bayi take. A watan Nuwamban shekarar Lincoln ya ci zaɓen shugaban ƙasa a jam'iyyar Republican, wadda manufarta ita ce kada a bar bauta ta bazu zuwa sababbin yankunan yamma. Masu bayi suka ga idan aka toshe wa bauta hanyar yaɗuwa, to kwananta ya kusa ƙarewa. Jihar South Carolina ta fara ɓallewa a watan Disamba, wasu suka bi bayanta har suka kai 11, suka naɗa Jefferson Davis shugaba, daga baya suka mai da birnin Richmond na jihar Virginia hedikwatarsu. Wasu daga cikin jihohin sun rubuta dalilan ɓallewarsu a takarda, kuma ba su yi ɓoye-ɓoye ba, batun bayi ne. A riƙe wannan, za mu dawo kansa.

An fara harbi ranar 12 ga Afrilu, 1861. A fagen gabas, tsakanin Washington da Richmond, Janar Robert E. Lee na Kudu ya yi ta ba sojojin Tarayya kashi, Lincoln kuma ya yi ta canza kwamandoji ba a dace ba. Ranar 1 ga Janairu, 1863, Lincoln ya yi shelar 'yanta bayin da ke yankunan 'yan aware. Daga ranar duk inda sojan Tarayya ya sa ƙafa a Kudu, 'yanci na biye da shi.

YADDA AKA HAƊU A GETTYSBURG

A watan Mayun 1863 Lee ya samu babbar nasara a Chancellorsville, amma ya rasa na hannun damansa, Janar Stonewall Jackson, wanda yaransa suka harba bisa kuskure da dare. Duk da haka Lee ya yanke shawarar kai yaƙin cikin Arewa. Gonakin Virginia sun tsiyace, ga Pennsylvania cike da hatsi da shanu da dawaki. Sannan yana ganin idan ya karya rundunar Tarayya a cikin gidanta, masu neman a yi sulhu a Arewa za su yi ƙarfi, a tilasta wa Lincoln ya bar Kudu ta tafi.

Sai ya ƙetare kogin Potomac da sojoji kimanin 75,000, a ƙarƙashin manyan kwamandoji uku: Longstreet da Ewell da Hill. Tare da su akwai dubban bayi masu girki da tuƙa kekunan doki da hidimar hafsoshi. Da suka shiga Pennsylvania, sojojin Kudu suka riƙa kama baƙar fata, har da waɗanda aka haifa 'yantattu, suna tasa ƙeyarsu zuwa Kudu. Wannan ya sa baƙar fatan Gettysburg da yawa suka bar gidajensu suka gudu kafin isowar runduna. Cikinsu akwai wani manomi mai suna Abraham Brian, mai gona eka 12 a kudu da gari.

Abu biyu suka faru a ƙarshen Yuni. Na farko, Janar Stuart, shugaban sojan dokin Lee, ya tafi wani dogon zagaye ya ɓace masa fiye da mako guda. A wancan zamani sojan doki su ne idon runduna, don haka Lee ya shiga ƙasar abokan gaba kamar makaho ba ɗan jagora. Na biyu, ranar 28 ga Yuni Lincoln ya sake canza kwamanda, ya damƙa rundunar mai sojoji fiye da 90,000 a hannun Janar George Meade, kwana uku kacal kafin yaƙin.

Babu wanda ya zaɓi Gettysburg a cikinsu. Gari ne mai mutum kimanin 2,400, amma hanyoyi goma ne suka haɗu a cikinsa, saboda haka duk rundunar da ke son tattara kanta a yankin dole ta bi ta nan. Wani abin mamaki shi ne sojojin Kudu ta arewa da yamma suka iso garin, na Arewa kuma ta kudu.

RANA TA FARKO

Janar John Buford na sojan dokin Tarayya ya iso ranar 30 ga Yuni, ya dubi tuddan da ke kudu da gari, ya gane cewa wanda ya riga hawansu ya gama rabin aiki. Da safiyar Laraba 1 ga Yuli, sojojin ƙasa na Kudu suka taho ta hanyar yamma suna zaton 'yan sa-kai za su tarar. Buford ya saukar da mutanensa daga kan dawaki suka tare hanya, suna ja da baya sannu a hankali, har Janar John Reynolds ya iso da sojojin ƙasa. Bai daɗe da isowa ba harsashi ya same shi, ya faɗi nan take.

Da rana rundunar Ewell ta sauko daga arewa, 'yan Kudu suka fi yawa, layin Tarayya ya karye. Aka kora su ta cikin titunan gari, aka kama dubbai. Waɗanda suka tsira suka taru a kan wani tudu da ake kira Tudun Maƙabarta, saboda maƙabartar gari a kansa take. Lee ya aika wa Ewell cewa ya kama tudun idan yana ganin zai yiwu. Ewell ya dubi gajiyar yaransa da igwogin da ake girkawa a sama, ya ga ba zai yiwu ba. Har gobe masana na gardama kan wannan shawara. Abin da ba a gardama a kansa shi ne Kudu ta ci ranar, amma Arewa ta kwana a kan tudu, kuma cikin dare sauran rundunar Meade ta yi ta kwararowa.

RANA TA BIYU

Wanda yake son fahimtar sauran yaƙin, sai ya kawo hoton ƙugiyar kamun kifi a ransa. Bakin ƙugiyar shi ne Tudun Culp a gabas, lanƙwasarta Tudun Maƙabarta, doguwar sandarta wani tudu mai miƙewa kudu, ƙarshenta kuma wani dutse mai suna Little Round Top. A kan wannan ƙugiya mai tsawon kilomita biyar sojojin Tarayya suka jera. Idan wuta ta yi zafi a gefe ɗaya, Meade na iya ɗauko sojoji daga ɗaya gefen su yanke ta tsakiya su iso da wuri. Lee kuwa yana waje, layinsa ya fi tsawo sosai, ga shi sojojinsa ba su kai na Meade yawa ba.

Longstreet ya ba Lee shawara a bar tuddan, a zagaya a shiga tsakanin Meade da Washington, a tilasta masa shi ya kawo hari. Lee ya ƙi, ya ce ga abokin gaba a gabansa, a nan zai buge shi. Aka ɓata yini ana jera sojoji, ba a fara kai hari ba sai wajen ƙarfe huɗu na yamma.

Kafin nan, wani janar na Tarayya mai suna Daniel Sickles, ɗan siyasa ne daga New York, ya kwashe rundunarsa ba da izini ba ya matsa gaba zuwa wani lambun itatuwan marmari, ya bar giɓi a layi. A kansa harin Longstreet ya faɗo. An yi mummunan gumurzu a lambun, da wata gonar alkama da ta yi ta canza hannu, da wani wuri mai tarin manyan duwatsu. Rundunar Sickles ta tarwatse, shi kansa harsashin igwa ya farfasa masa ƙafa, aka yanke ta.

Little Round Top kuwa babu masu tsaronsa sai 'yan ba da sigina, har sai da Janar Warren, injiniyan runduna, ya hau ya ga 'yan Kudu na tahowa, ya aika a kawo ɗauki a guje. A can ƙarshen layi aka ajiye wata bataliya daga jihar Maine da ba ta kai mutum 400 ba, ƙarƙashin Kanar Joshua Chamberlain, wanda kafin yaƙi malamin kwaleji ne. Sojojin Alabama suka yi ta hawowa ana mai da su. Da harsashi ya kusa ƙarewa, Chamberlain ya sa aka ɗaura wuƙaƙe a bakin bindigogi suka gangaro da gudu, 'yan Alabama da gajiya da ƙishirwa suka gama cinyewa suka watse.

A tsakiyar layi ma an kusa ɓallewa. Janar Hancock ya ga giɓi, babu kowa kusa sai wata bataliya daga Minnesota, ya umarce su su afka wa rundunar da ta ninka su sau da yawa don a samu 'yan mintoci. Bisa alƙaluman da ke jikin dutsen tunawa da su, mutum 262 suka shiga, 215 suka faɗi tsakanin matattu da masu rauni. A Tudun Culp kuma, wani dattijo ɗan shekara 62, Janar Greene, ya sa yaransa sun yi shinge da itace da duwatsu tun da rana, shi ya sa birged ɗinsa ɗaya tak ta iya tare harin da aka kawo da magariba. Dare ya yi, ƙugiya ta lanƙwashe amma ba ta karye ba.

RANA TA UKU

Tun asubahin Juma'a aka koma faɗa a Tudun Culp, aka shafe kimanin awa bakwai, 'yan Kudu suka haƙura. Lee ya lissafa cewa tunda ya bugi gefe biyu, Meade ya rage ƙarfin tsakiya, don haka can zai fasa. Longstreet ya sake gaya masa gaskiya, cewa babu adadin sojan da ke hannunsu da zai iya ƙetare wannan fili ya kama tudun. Lee bai saurare shi ba.

Da ƙarfe ɗaya na rana igwogin Kudu kusan 150 suka buɗe wuta. Hayaƙi ya rufe ko'ina, yawancin harsasan suka riƙa wuce layin gaba suna faɗawa baya. Shugaban igwogin Tarayya, Janar Hunt, ya sa nasa suka yi shiru don adana harsashi, 'yan Kudu suka ɗauka sun kashe su. Wajen ƙarfe uku, sojoji kimanin 12,500 suka fito daga cikin itatuwa a jere, tutoci na kaɗawa, za su taka fili buɗaɗɗe fiye da kilomita ɗaya cikin zafin rana. Tarihi ya laƙaba wa harin sunan Janar Pickett, ko da yake sojojinsa ba su kai rabin masu harin ba. An ruwaito cewa da Pickett ya nemi izinin tafiya, Longstreet ya kasa buɗe baki, kai kawai ya gyaɗa.

Igwogin da aka zaci sun mutu suka farka. A tsakiyar fili akwai hanya mai shingayen katako, sai an hau an tsallaka, a nan bindigogi suka same su. Duk da haka 'yan ɗaruruwa suka kai ga wata gajeriyar katangar dutse, Janar Lewis Armistead na gaba da hularsa a kan tsinin takobi, suka tsallaka. A nan aka harbe shi, ya rasu bayan kwana biyu. Hancock, kwamandan da ke tsare da wannan layi, abokinsa ne tun suna soja ɗaya kafin yaƙi, shi ma an ji masa rauni a wannan sa'a. Cikin abin da bai fi awa ɗaya ba, kusan rabin waɗanda suka fito sun mutu, ko sun ji rauni, ko an kama su. Lee ya fito a kan doki ya tarbi masu dawowa yana ce musu laifinsa ne. Gonar Abraham Brian na daidai kan layin da aka yi wannan artabu.

ABIN DA AKA BARI A ƘASA

Ranar 4 ga Yuli aka tsuge da ruwa, Lee ya fara ja da baya. Jerin kekunan dokin da ke ɗauke da masu rauni ya kai tsawon kilomita 27. Kogin Potomac ya cika ya tare shi kwanaki, amma Meade bai kai masa babban hari ba, har ya ƙetare a daren 13 ga wata. Ran Lincoln ya ɓaci ƙwarai, ya rubuta wa Meade wasiƙa mai zafi, sannan ya ajiye ta bai aika ba.

Jimillar matattu da masu rauni da waɗanda aka kama ko suka ɓace a ɓangarorin biyu ta kai kusan 50,000, babu wani yaƙi a duk basasar da ya kai haka. Lee ya rasa kimanin kashi ɗaya cikin uku na rundunarsa, da hafsoshin da ba shi da madadinsu, kuma bai sake jagorantar runduna zuwa cikin Arewa ba. A ranar 4 ga Yulin dai birnin Vicksburg ya miƙa wuya ga Janar Grant, ba da jimawa ba kogin Mississippi gaba ɗaya ya koma hannun Tarayya. Wannan ne ya sa ake cewa a wannan mako akalar yaƙin ta juya. Amma ba a gama ba, sai da aka ƙara wata 21 ana zubar da jini kafin Lee ya miƙa wuya a watan Afrilun 1865.

Rundunoni suka tafi suka bar wa mutum 2,400 gawarwaki kimanin 7,000, da mushen dubban dawaki, da masu rauni fiye da 20,000. Coci da makaranta da kotu da rumbu da gidajen mutane duk suka zama asibiti. Wari ya hana mutane buɗe taga har makonni. Farar hula ɗaya harsashi ya kashe a kwanakin uku, wata budurwa 'yar shekara 20 mai suna Jennie Wade, tana cikin kwaɓa fulawar burodi ya huda ƙofa ya same ta. Elizabeth Thorn, mai kula da maƙabartar gari saboda mijinta na fagen daga, ta binne gawa kusan ɗari tana da cikin wata shida. An kuma tsinci gawar wani soja ba suna, riƙe da hoton yara uku. Jaridu suka yi ta bayanin hoton har matarsa ta gane 'ya'yanta ne, aka san Saje Amos Humiston ne daga jihar New York.

MAƘABARTA DA JAWABIN MINTI BIYU

An binne sojoji a gurguje a ramuka marasa zurfi, ruwan sama da aladu suka fara tono su. Wani lauya na garin, David Wills, da goyon bayan gwamnan jihar, ya sayi fili eka 17 a Tudun Maƙabarta. Aka ba da kwangilar tono kowace gawa a kan dala 1 da santi 59. Wani baƙar fata mai suna Basil Biggs ne ya jagoranci ma'aikatan da suka yi wannan aiki mai wuya. Aka binne sojojin Tarayya fiye da 3,500 jiha-jiha, hafsa da kurtu kabari iri ɗaya, kusan dubu daga cikinsu ba a san sunansu ba.

A bikin buɗewa, babban mai jawabi shi ne Edward Everett, ya yi awa biyu yana magana. Lincoln ya tashi ya yi minti biyu, kalmomi kimanin 270. Bai ambaci Arewa ko Kudu ba, bai zagi kowa ba. Ya koma shekarar 1776 ya tuna musu cewa an kafa ƙasar ne a kan cewa dukkan mutane daidai aka halicce su, ya ce yaƙin gwaji ne na ko ƙasa irin wannan za ta ɗore, sannan ya ce aikin da matattu suka bari yana wuyan masu rai. Da ma'anar nan da muka haddace ya rufe.

Gawarwakin 'yan Kudu kuwa ba a sa su a wannan maƙabarta ba. Sun zauna a ramukan gonaki har farkon shekarun 1870, lokacin da ƙungiyoyin matan Kudu suka tara kuɗi aka tono fiye da 3,000, aka kai mafi yawansu Richmond. Ba a kwashe duka ba, ko a 1996 an tsinci ƙasusuwan wani soja a filin.

WA KE DA FILIN?

Tun 1864 mutanen garin suka kafa ƙungiyar sayen filayen da aka yi yaƙi a kansu don kada a gine su. Tsofaffin sojojin Arewa suka riƙa dawowa, kowace bataliya na kafa dutsen tunawa a daidai inda ta tsaya, har ana rigima kan taku goma ko ashirin. A 1895 majalisar dokoki ta mai da wurin filin tarihi na ƙasa, kuma wanda ya kawo ƙudurin shi ne Sickles, mai ƙafa ɗaya ɗin nan. Da wani kamfani ya shimfiɗa layin tarago ta tsakiyar filin, Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a 1896 cewa gwamnati na da ikon karɓe fili don adana tarihi. Yau wurin ya kai eka 6,000, da duwatsun tunawa da alluna da mutum-mutumi fiye da 1,300.

To amma adana ƙasa ya fi adana gaskiya sauƙi. Bayan rasuwar Lee a 1870, wasu tsofaffin hafsoshinsa suka shiga gyara labari. Suka ce ba don bayi aka yi yaƙi ba, don 'yancin jihohi ne. Suka ce Lee bai yi kuskure ba, Longstreet ne ya yi nawa. Laifin Longstreet a wurinsu shi ne bayan yaƙi ya shiga jam'iyyar Lincoln ya karɓi sabon tsari. An kafa wa Lee ƙaton mutum-mutumi a kan doki a filin tun 1917, Longstreet da ya faɗi gaskiya bai samu nasa ba sai 1998.

A 1913 aka yi bikin cika shekara 50. Tsofaffin sojoji fiye da 50,000 na ɓangarorin biyu suka taru, waɗanda suka rage daga harin Pickett suka sake taka filin da sanduna, suka yi musabaha da abokan gabarsu ta kan katangar dutsen nan. Abu ne mai taɓa zuciya, kuma ba ƙaramin abu ba ne mutanen da suka harbi juna su ci abinci tare. Sai dai an sayi wannan sulhu ne da yin shiru. Shugaba Woodrow Wilson ya yi jawabi bai ambaci bauta ba, a daidai lokacin da gwamnatinsa ke raba baƙi da farare a ofisoshin tarayya, jihohin Kudu kuma sun riga sun ƙwace wa baƙar fata ƙuri'a. Farare biyu sun shirya, wanda aka yi faɗan a kansa yana waje. A 1938 aka yi taron ƙarshe da tsofaffi kimanin 1,800, yawancinsu sun haura shekara 90, Shugaba Roosevelt ya buɗe hasumiyar zaman lafiya mai wuta a samanta.

Sai a watan Mayun 1963, shekara ɗari bayan yaƙin, Mataimakin Shugaban Ƙasa Lyndon Johnson, shi kansa ɗan Kudu daga Texas, ya tsaya a Gettysburg ya ce baƙar fata sun gaji da a ce su ƙara haƙuri, adalci suke nema. Bayan shekara ɗaya, yana shugaban ƙasa, ya sa hannu a dokar haramta wariyar launin fata, a 1965 kuma dokar kare ƙuri'a.

Filin ma an ci gaba da gyara shi. An rushe wata doguwar hasumiyar 'yan kasuwa da ta yi wa maƙabartar tsaye a ka a shekarar 2000. An sare itatuwan da suka tsiro inda da fili ne, an sake dasa lambuna da shingaye, don mai ziyara ya ga abin da soja ya gani a 1863. Sabon gidan tarihin da aka buɗe a 2008 ya fara labarinsa ne daga bauta, abin da aka daɗe ana kauce wa.

Abraham Brian ya dawo bayan yaƙi ya tarar an farfasa gidansa, an tattake amfanin gonarsa, an kwashe shingayensa, ga kaburbura a cikin gonar. Ya nemi diyyar dala 1,028, gwamnati ta ba shi dala 15. Basil Biggs da ya tono dubban gawarwaki, da shi da Brian, da yawancin baƙar fatan garin da suka shiga soja daga baya, a wata ƙaramar maƙabartar baƙar fata aka binne su a gefen gari. Ɗan ƙaramin farin gidan Brian yana nan tsaye a kan tudun, 'yan taku kaɗan daga katangar da aka yi musabaha a 1913, kuma yanzu akwai allo a gabansa da ke bayanin ko wane ne mai gidan.

Mu da iyayenmu suka ga yaƙin basasa da idonsu ba ma buƙatar dogon sharhi a kan wannan. Allah Ya kiyaye mu da fitina, Ya zaunar da ƙasarmu lafiya, amin.